Super Falcons: Tarihin Shahunan Nijeriya da Rabon Kano a Cikinsa

A zangon farko na wannan shekarar karatu mun yi wa ɗaliban ajin ƙarshe wata tambaya wadda ba ta cikin manhaja, ba kuma za ta fito a jarrabawa ba. Muka ce, a cikin ƙungiyoyin ƙwallon ƙafa da ke wakiltar Nijeriya, wace ce ta fi ɗauko kofin Afirka? Kafin mu rufe baki yara maza sun ɗaga hannu, amsarsu kuwa ɗaya ce, wai Super Eagles. Wani ma don ya nuna shi gwani ne, sai ya jero mana shekarun: 1980 a Legas, 1994 a Tunisiya, 2013 a Afirka ta Kudu. Lissafinsa daidai ne, amma amsar ba ita ke nan ba. Ƙungiyar mata ta ƙasa, wato Super Falcons, ta ɗauko kofin Afirka sau 10 tsakanin 1998 da 2025. Ko Masar, wadda ta fi kowa a ɓangaren maza, sau 7 ta ɗauka.

Kuskuren yaran bai dame mu ba, don makaranta wurin gyara kuskure ce. Abin da ya tsaya mana a rai shi ne, bayan an tashi sai wata yarinya ta biyo mu har ƙofar ofishin malamai, ta ce, "Malam, ni fa na san amsar, har wasan ƙarshen na kalla a gida. Tsoro na ji kada maza su yi mini dariya." Saboda wannan yarinya da ire-irenta ne, da kwamitin mujallar makaranta ya nemi mu ba da tamu gudummawa, muka ga ya kamata mu rubuta tarihin wannan ƙungiya, domin ɗalibai da iyaye su san inda ta fito, da abin da ta yi, da kuma inda mu mutanen Fagge da Sabon Gari muke a cikin labarin.

Sunan ƙungiyar daga wani tsuntsu aka samo shi, dangin shaho. An ba maza sunan gaggafa, aka ba mata na shaho, wanda bai kai gaggafa girma ba amma ya fi ta zafin nama. Ƙungiyar 'yan ƙasa da shekara 20 ana ce mata Falconets, wato 'yan shahuna, ta 'yan ƙasa da shekara 17 kuma Flamingos.

Ba gwamnati ce ta haifi ƙwallon mata a ƙasar nan ba. Hasali ma a ko'ina cikin duniya hukumomi sun daɗe suna yi masa kallon raini. A Ingila, inda aka tsara dokokin wasan, hukumar ƙwallo ta hana mata amfani da filayenta a 1921, ba ta kuma janye wannan hani ba sai bayan shekara hamsin. A nan gida wasu mutane ne 'yan ƙalilan suka ɗauki nauyin abin da kuɗin aljihunsu tun daga ƙarshen shekarun 1970, suna tara 'yan mata, suna saya musu takalma da riguna, suna kuma zuwa gida gida suna roƙon iyaye. Daga cikinsu akwai Gimbiya Bola Jegede mai ƙungiyar Jegede Babes a Legas. A Warri aka yi Ufuoma Babes, a Fatakwal Larry Angels da Rivers Angels, a Kalaba kuma Pelican Stars. Mai karatu ya riƙe sunayen garuruwan nan, don za mu komo kansu. Sa'ad da hukumar ƙwallon ƙafa ta duniya, FIFA, ta ce za ta shirya gasar cin kofin duniya ta mata a 1991, sai hukumarmu ta tarar an riga an yi mata noma, girbi kawai ya rage. Daga waɗannan ƙungiyoyi aka tsinto 'yan wasan farko.

Ranar 16 ga Fabrairu, 1991 ƙungiyar ta buga wasanta na farko, ta ci Gana 5 da 1. Daga ƙarshe ta kawar da Kamaru, ta sami gurbi ɗaya tak da aka ware wa Afirka duka a cikin ƙasashe 12 da suka hallara a ƙasar Sin a watan Nuwamba na shekarar. Wani Baholande, Jo Bonfrere, shi ya ja ragamarsu, wanda daga baya ya kai maza ga lambar zinariya a wasannin Olamfik na 1996. A cikin 'yan wasan akwai Florence Omagbemi 'yar Warri, tana da shekara 16, wato sa'ar waɗanda muke koyarwa a yau. Minti 80 ake buga kowane wasa a wannan gasa maimakon 90, don masu shiryawa suna ganin mata ba za su iya jurewa ba. To, an ce in ka ga ƙi gudu, sa gudu ne bai zo ba. Jamus ta ci mu 4 da nema, Italiya 1 da nema, Taiwan 2 da nema, muka komo gida ba mu ga ragar kowa ba. A 1995 a Suwidin abin ya fara da muni, don Norwe, wadda ita ta ɗauki kofin a shekarar, ta zura mana 8. Amma a wasa na biyu Rita Nwadike ta ci wa Nijeriya ƙwallonta ta farko a gasar duniya, kuma ko da yake Kanada ce a gaba, 'yan matan suka yi ta farkewa har aka tashi 3 da 3.

A 1998 hukumar ƙwallon Afirka ta shirya gasar mata ta farko wadda ake tara ƙasashe wuri ɗaya, aka ba Nijeriya masaukin baƙi. Garuruwa biyu ne suka karɓi wasannin, Abekuta da Kaduna. I, Kaduna ɗin nan tamu da ake zuwa a komo a yini ɗaya. Falcons suka buga wasa 5, suka zura ƙwallo 28, ba a zura musu ko ɗaya ba, suka ci Gana 2 da nema a wasan ƙarshe a Abekuta. Mai horar da su a wannan zamani ɗan Arewa ne, Isma'ila Mabo na Jos, tsohon ɗan bayan ƙungiyar Mighty Jets. Shi ya kai su gasar duniya ta 1999 da wasannin Olamfik na 2000 da 2004. Ya rasu a watan Maris na 2023. A ganinmu Arewa ba ta ba shi girman da ya cancanta ba, domin ka tambayi masu kallon ƙwallo goma a France Road, da wuya ka sami biyu da suka san sunansa.

Gasar 1999 a Amurka ita ce ya kamata a tsaya a kanta, gama har zuwa gasar 2023 ba mu sake kaiwa inda muka kai a wannan shekara ba. Mun fara da cin Koriya ta Arewa 2 da 1. Wasa na biyu da masu masauki ne a birnin Chicago, fili cike maƙil. Minti biyu da farawa Nkiru Okosieme ta ci Amurka. Ita wannan Nkiru laƙabinta da Turanci yana nufin shugabar makaranta, ba don ta taɓa riƙe alli ba, sai don gwanintarta wajen cin ƙwallo da ka. Ashe tsokanar tsuliyar dodo ta yi: Amurkawa suka rama da 7. Wata ƙungiyar da daga nan ta watse. Su kuwa bayan kwana uku suka ci Denmak 2 da nema, suka zama ƙasar Afirka ta farko da ta fita daga rukuni a gasar duniya ta mata.

Ranar 1 ga Yuli suka haɗu da Burazil kusa da birnin Washington, a zagayen ƙasashe takwas na ƙarshe. Dare ya yi nisa a agogonmu, yawancinmu da safe muka ji labari a rediyo. Kafin hutun rabin lokaci Burazil ta ci 3, kuma Mabo ya sauya mai tsaron gida. Da aka komo, Prisca Emeafu ta farke ɗaya, Nkiru Okosieme ta ƙara, Nkechi Egbe ta cike ta uku ana saura minti biyar a tashi. Sai aka ba Patience Avre jan kati, aka shiga ƙarin lokaci muna da 'yan wasa goma. A wancan zamani dokar ita ce, a ƙarin lokaci duk wanda ya fara ci shi ke nan wasa ya ƙare. Wata 'yar Burazil mai suna Sissi ta yi bugun tazara, ƙwallo ta faɗa raga, aka tashi 4 da 3. An fitar da mu, amma duniya ta san da mu. Bayan wannan gasa ne Mercy Akide ta sami gurbin karatu kyauta a kwalejin Milligan da ke jihar Tennessee, daga baya ta buga wasan ƙwararru a Amurka, kuma ita ce aka fara zaɓa gwarzuwar 'yar ƙwallon Afirka a 2001.

A Afirka kuwa lissafin ba shi da wuya. Daga 1998 zuwa 2025 an yi gasar sau 13. Nijeriya ta ɗauka a 1998, 2000, 2002, 2004, 2006, 2010, 2014, 2016, 2018, sai kuma gasar 2024 wadda aka ɗage aka buga a 2025. Ikwatoriyal Gini ta ɗauka a 2008 da 2012, Afirka ta Kudu a 2022. Ba a yi ta 2020 ba saboda annobar korona. Duk sa'ad da Falcons suka kai wasan ƙarshe, da kofi suke komowa, ba a taɓa doke su a nan ba. In mai karatu ya ga wani littafi ya ce sau 12, ba ƙarya ya yi ba: ya haɗa ne da 1991 da 1995, lokacin da ake buga wasannin gida da waje domin fitar da wakiliyar Afirka, kuma duka biyun mu muka ci. Gwanaye sun yi yawa, ba za su lissaftu a nan ba. Perpetua Nkwocha ita kaɗai ta zura wa Kamaru ƙwallo 4 a wasan ƙarshe na 2004, aka kuma zaɓe ta gwarzuwar Afirka sau 4. Asisat Oshoala 'yar Ikorodu ta wuce ta, sau 6 tsakanin 2014 da 2023, ta kuma ɗauki kofin zakarun Turai da Barcelona. Eucharia Uche ce mace ta farko da ta horar da ƙungiyar har ta ci kofi, a 2010. Florence Omagbemi, yarinyar nan ta 1991, ta ɗaga kofin a matsayin kyaftin, sa'an nan ta sake ɗaga shi a matsayin koci a 2016, a Yawunde, a gaban Kamaru da jama'arta.

Amma fa in za a faɗi gaskiya a faɗe ta duka. Nijeriya ta je dukan gasar duniya 9 da aka yi daga 1991 zuwa 2023, abin da babu wata ƙasar Afirka da ta yi, sai dai sau 3 kawai ta fita daga rukuni: 1999, 2019 da 2023. A 2003 wasa uku aka ci mu, ba mu ci ko ƙwallo ɗaya ba. Jamus ta zura mana 8 a wasan sada zumunci a 2010, Faransa ta maimaita a 2018. A Olamfik na 2004 mun kai zagayen takwas na ƙarshe, amma bayan na 2008 sai da muka yi shekara 16 ba mu sake zuwa ba, da muka je Faransa a 2024 kuma aka ci mu duka wasa ukun. Me ya sa sarauniyar Afirka ke zama baƙuwa in ta ƙetare teku? Ba rashin gwanaye ba ne, don Falconets sun kai wasan ƙarshe na duniya sau biyu, a 2010 da 2014, Jamus ce ta tare su duka biyun. Rashin shiri ne. Sauran ƙasashe suna tara 'yan wasansu a kai a kai cikin shekara, mu kuwa sau da yawa sai gasa ta ƙarato ake kiran sansani. Bayan cin kofin 2016, ƙungiyar ta yi shekarar 2017 cur ba ta buga wasa ko ɗaya ba, daga nan ne aka kai ta gaban Faransa. Ba a fafe gora ranar tafiya, haka muke gaya wa ɗalibai kullum game da jarrabawa, haka kuma abin yake a fili.

Akwai kuma maganar haƙƙi, wadda ba ta da daɗin rubutawa a mujallar yara, amma ɓoye ta cin amana ne. A 2004, bayan sun ci kofi a Afirka ta Kudu, 'yan wasan suka ƙi barin masaukinsu sai an biya su alawus ɗinsu. A 2016 haka suka zauna a wani otal a Abuja kusan mako biyu da kofi a hannu, har ranar 14 ga Disamba suka ɗauki kwalaye suka yi tattaki zuwa Majalisar Tarayya, ranar da shugaban ƙasa ya je gabatar da kasafin kuɗi. Sai a sa'an nan aka saki kuɗin. A 2019 an sake yin zaman dirshan a Faransa bayan Jamus ta fitar da su, a 2022 kuma suka ƙi fita atisaye a Maroko. Wasu sun ce rashin kunya ne a yi wa ƙasa haka a idon duniya. Mu dai abin da muka koya tun a makarantar Lahadi shi ne ma'aikaci ya cancanci ladansa, kuma wanda ya hana lada shi ya fara jawo kunyar. Malamin makaranta ba ya bukatar a yi masa dogon bayani a kan jiran albashi. Domin irin wannan rigima, wadda ba a Nijeriya kaɗai ake yin ta ba, FIFA ta ƙayyade a 2023 cewa kowace 'yar wasa tana da nata kaso: dala 30,000 ga wadda ta tsaya a rukuni, dala 60,000 ga wadda ta kai zagaye na biyu.

Muna cikin wannan hali ne maƙwabta suka farka. Maroko ta gina babbar cibiyar horo kusa da Rabat, kuma daga 2020 hukumar ƙwallonta ta shiga tallafa wa albashin 'yan wasan lig na mata. A 2022 ta karɓi gasar Afirka, muka haɗu da ita a wasan kusa da na ƙarshe a gaban mutane fiye da 45,000. Aka kori Halimatu Ayinde, aka kori Rasheedat Ajibade, muka ƙarasa wasa da ƙarin lokaci da mutum tara, aka fitar da mu a bugun fenareti. Zambiya ma ta ƙwace mana matsayi na uku. Mutane da yawa suka ce zamanin Falcons ya wuce. Shekara ɗaya bayan haka, a gasar duniya a Ostareliya, Chiamaka Nnadozie ta tare fenaretin Christine Sinclair ta Kanada, wadda ta fi kowa cin ƙwallo a wasannin ƙasa da ƙasa, mace ko namiji. Muka ci masu masauki 3 da 2 a Brisbane, muka yi canjaras da Ayilan, muka riƙe Ingila, zakarar Turai, minti 120 babu ci, sai a fenareti ta wuce da 4 da 2. A wannan gasa ce Onome Ebi ta buga kofin duniya na 6 tana da shekara 40.

Wasan da yarinyar nan ta ce ta kalla shi ne na daren Asabar, 26 ga Yuli, 2025, a Rabat. Maroko ce dai, a gidanta, kuma mai horar da ita Jorge Vilda ne, wanda ya ci kofin duniya da Sifen a 2023. Namu kocin Justine Madugu ne, mutumin Adamawa, wanda ba kowa ya san shi ba kafin gasar. A hanyar zuwa nan Falcons sun lallasa Zambiya 5 da nema, sun ci Afirka ta Kudu 2 da 1. Amma kafin minti 25 Maroko ta ci biyu, aka tafi hutu a haka. A layinmu wasu sun kashe janareta don kada a yi asarar mai. Waɗanda suka yi haƙuri sun ga Esther Okoronkwo ta ci fenareti, sa'an nan ta miƙa wa Folashade Ijamilusi ta farke ta biyu. Alƙaliyar wasa ta ba Maroko fenareti, ta je ta duba na'ura, ta soke. Ana saura minti biyu Jennifer Echegini ta ci ta uku. Abin da aka fara da Kanada a 1995, aka kusa kammalawa da Burazil a 1999, ranar nan ya kammalu. Washegari Lahadi, a bakin majami'a bayan sujada, har 'yan zumuntar mata da ba su san bambancin kwana da fenareti ba maganar suke yi. Shugaba Bola Tinubu ya karɓe su a Abuja, ya yi wa kowace shelar lambar girma ta ƙasa, da gida, da kuɗi daidai da dala 100,000.

Yanzu sai mu komo gida. Kano garin ƙwallo ne, wannan ba ya bukatar shaida. Raccah Rovers ta ci kofin lig a 1978, Kano Pillars ta ci a 2008, 2012, 2013 da 2014. Mun karɓi wasannin kofin duniya na matasa a 1999 da 2009, da na kofin Afirka a 2000. Gidajen kallon ƙwallo sun fi a ƙirga daga Kwakwaci zuwa 'Yan Kura. Amma ka duba jerin ƙungiyoyin da suka taɓa cin lig na mata tun da aka fara shi a 1990: garuruwan nan ne da muka ce a riƙe, Legas da Warri da Kalaba da Fatakwal, aka ƙara da ƙungiyoyin jihohin Delta da Bayelsa da Edo. Daga wannan gefen Kwara da Binuwai sai Nasarawa Amazons ta Lafiya, wadda ta ci a 2013 da 2017. Babu Kano. Babban filin wasanmu a Ƙofar Mata yake, amma sunan ƙofar ne kawai rabon mata a wurin. Arewa ta ba Falcons masu horarwa biyu da suka ci kofi, ta ba su fili a Kaduna, ta ba su Halimatu Ayinde haifaffiyar Kaduna, wadda ta yi shekaru tana riƙe tsakiyar fili har ta buga wa manyan ƙungiyoyin Suwidin. Ke nan ba a ƙasa ko a jini matsalar take ba.

Mun san abin da iyaye ke faɗa, don a ofishinmu ake faɗarsa, kuma Kirista da Musulmi bakinsu ɗaya a nan. Na farko sutura. Wannan damuwa ce ta gaskiya, ba ma raina ta. Sai dai tun 2014 dokar wasa ta yarda mace ta rufe kanta, kuma a gasar duniya ta 2023 Nouhaila Benzina ta Maroko ta buga da hijabi da dogon wando. Na biyu, wai ƙwallo tana hana haihuwa ko tana mai da mace namiji. Mercy Akide ta yi aure ta haihu, haka ma da yawa daga cikin abokan wasanta. Na uku karatu, kuma nan ne mu malamai muke tare da iyaye. Asisat Oshoala da bakinta ta ce ta bar makaranta saboda ƙwallo, iyayenta kuma ba su ji daɗi ba. Ita ta dace, amma ba za mu ba kowace yarinya shawarar ta bi wannan hanya ba, gama a bayan kowace Asisat akwai ɗaruruwa da suka bar aji, gwiwa ta lalace, suka rasa tudun dafawa. Misalin da muka fi so shi ne na Michelle Alozie, wadda ta ci ƙwallon da ta fitar da Afirka ta Kudu a 2025. Ta yi digiri a fannin kimiyyar halittu a jami'ar Yale, kuma ko a lokacin gasar duniya ta 2023 tana haɗa ƙwallo da aikin binciken cutar daji a wani asibitin yara a Texas.

Akwai dalili na huɗu wanda iyaye ba sa ambata, mu kuwa muna ganin ya fi sauran nauyi, wato wurin wasa. Sabon Gari da Fagge a cushe suke, gida na jikin gida, shago na jikin shago. Yaro namiji ba ruwansa: ya ajiye duwatsu biyu a layi, ya jira keke mai ƙafa uku ya wuce, ya ci gaba da wasa, in ya yi ƙwari ya tafi filin Pillars na Sabon Gari a gwada shi. Yarinya kuwa da ta kai shekara goma sha biyu an kira ta cikin gida, ga talla ko tsaron shago, ga wanke-wanke. Ko an ƙyale ta, ba uban da zai so 'yarsa tana guje-guje a titi ana kallo. Fili ɗaya ne ya rage mata a duk unguwar, shi ne na makaranta, a bayan katanga, a gaban malamai. Mu kuwa me muke yi da shi? Ranar gasar gidaje 'yan mata su yi maci, su yi tseren mita ɗari da na miƙa sanda, ƙanana su yi tseren buhu, sa'an nan a ce su koma gefe su yi wa maza tafi. Mu da kanmu mun yi shekaru muna tsara jadawalin haka ba tare da mun ga aibinsa ba.

A zango na biyu shugaban makaranta ya yarda aka ware wa 'yan mata filin ranar Laraba bayan an tashi, da sharaɗin kowace ta kawo takardar amincewar iyaye, kuma wadda makinta ya faɗi ta koma aji. Wata malama ce ke tsaya musu, mu muna busa usur. Ana wasa da dogon wando, mai son ɗankwali ko hijabi ta sa abinta. Makon farko ba su cika ƙungiya biyu ba, sai muka rage faɗin fili. Yarinyar da ta biyo mu ofis ita ta fara kawo takarda, ta ce gola za ta tsaya kamar Nnadozie, ko da yake safar hannun da take sawa ta aikin lambu ce. A mako na uku ubanni biyu suka zo. Ɗaya ya ce ya sake tunani, ya tafi da 'yarsa, ba mu kuma yi masa gardama ba. Ɗayan ya rufe shagonsa a kasuwar Sabon Gari, ya nemi benci a inuwar darbejiya ya zauna har aka tashi, sa'an nan ya tambaye mu nawa ake sayar da takalmin ƙwallo lamba 38.